Rigar Mai Rai a Cikin na Matattu

Duk wanda ya san Onasima ya san ta da sanda a hannu da masifa a baki. Sandar ta kakkaɓe riguna ce. Masifar kuwa kowa yana da rabonsa a ciki: asu, jemagu, matan da ke kawo rigar haihuwa ba su wanke ta da kyau ba, har da ita kanta Uwargijiya Elutiya, allahiyar haihuwa mai kogon garinmu, wadda mata ke kira idan suna kan gwiwa. A garinmu, nan gaɓar kudu ta tsibirin Karita, idan ka ji ana faɗa a bakin kogo ba ka ji muryar na biyu ba, to Onasima ce da Uwargijiyarta.

Ba neman aiki ya kai ta kogon ba. 'Yar mai wankin ulu ce, ta auri wani masunci mai sanyin hali, shekara ta bi shekara ba ko ɓatan wata. Ta kai wa Uwargijiya zuma. Ta kai 'yan mutum-mutumin yumɓu masu turtsetsen ciki, irin waɗanda mata ke jerawa a gindin dogon dutsen da ke tsakiyar kogo, ta yi ta kaiwa har maginin tukwane ya daina tambayarta abin da take so, da ya hango ta sai ya miƙo. Mijin ya rasu, jini ya ɗauke mata. Ranar da ta tabbata magana ta ƙare, sai ta hau kogon don ta gaya wa Uwargijiya abin da ke cikinta tas. Ta buɗe baki ke nan idonta ya faɗa kan wata jar riga a rataye, asu ya cinye mata kafaɗa. Mace ta ƙare lokacin sanyi guda tana saƙa, ta sha naƙuda a ciki, ta kawo, an bar wa ƙwari. Haushin wannan ya danne na farkon. Ta karyo reshen zaitun ta hau kakkaɓa, kuma daga ranar ba ta bar wurin ba.

Kogon hannu biyu gare shi. A dama, inda haske ke shiga, nan ake rataye rigunan matan da suka sauka lafiya. Mace da kanta take kawo tata bayan ta gama jego, jariri a hannu, ta cika bakancen da ta yi. A hagu, can ciki inda ruwa ke ɗiga, nan ne na waɗanda haihuwa ta tafi da su. Wannan miji ke kawowa, shi kaɗai, kuma ba a tambayarsa komai, domin ba a ambaton mutuwa a ƙofar Uwargijiya. Ya miƙa, a karɓa, a zuba masa ruwa ya wanke hannu, ya kama hanya. Haka muka tarar, kuma al'adar ba ta taɓa cutar kowa ba sai da Enifas ya zo.

Enifas mai gawayi ne, yana zaune can kan tudu inda akuya ma sai ta yi shawara kafin ta hau. Mutum ne da idan ya ce maka sannu da safe, to ya gama maganar yinin. Wata hantsi sai ga shi a bakin kogo da riga ruwan ɗorawa a naɗe a hammata. Kansa fari fat da toka, gashinsa a gutsure, idanunsa jajur, hawaye na bin kumatu. To ku gaya mini, a ƙasar nan wane ne ke zuba toka a ka, ya yanke gashi, ya kawo rigar mace shi kaɗai? Onasima ta dube shi tausayi ya kama ta, abin da ba kasafai yake kama ta ba. Ta karɓi rigar, ta zuba masa ruwa, har ta danƙa masa busasshen ɓaure ya ci a hanya. Ya gyaɗa kai ya juya. Ita kuma ta kunna fitila ta shiga hagu, ta rataye rigar, ta fito tana yi wa Uwargijiya faɗa a kan me yarinya mai hannun saƙa haka ta tare mata.

Tokar ta aikinsa ce. Gashin kuwa wuta ce ta lashe shi a wurin ƙona itace, idanun kuma hayaƙi ne. Matarsa Timasa tana gida da ranta, jaririya a ƙirji. Ƙafarta ce ta kumbura ta kasa saukowa daga tudun, ta ji tsoron kada Uwargijiya ta ga ana ja mata rai da bakance, shi ne ta aiko shi. Har ta tsara masa abin da zai faɗa. Shi kuwa da ya ga tsohuwa ba ta tambaya ba, sai ya ga ya huta.

Aka shekara, aka sake shekara. Wata rana da rani wata matashiya ta iso kogo da ciki ya fara turowa da tulun zuma a ka.

"Iya, sannu da aiki," in ji ta. "Na zo in shafa rigata, ko ta farkon ta jawo wa ta biyun hanya."

"Matar wa?" Onasima ta tambaya, ba ta ma ɗago ba.

"Matar Enifas mai gawayi."

Onasima ta ɗago ta kalle ta daga sama har ƙasa. "Ashe ya sake aure. Bai ɓata lokaci ba."

"Wane aure, Iya? Ni kaɗai ce dai, Timasa. Rigar ruwan ɗorawa ce, da baƙin ratsi a gefe. Shi ya kawo miki."

A nan ne ya kamata Onasima ta haɗiye maganarta, ta ce wa yarinya ta dawo gobe. Amma bakin da ya saba faɗin abin da ya zo masa a gaban allahiya ba zai koyi birki a gaban 'yar mutum ba.

"Ai ke kin mutu," in ji ta.

Akwai mata a wurin suna jera yumɓunsu, duk suka ji. Timasa ta sauke tulun a hankali. Ta ɗauki fitilar da ke kan dutse ta nufi hagu, inda mai ciki ba ta taka ƙafa, Onasima na biye da ita tana jan hannunta. Ta tarar da rigarta a tsakanin rigunan wasu mata biyu da ta sani da ransu, ɗaya ma tare suka yi wasan ƙasa. Ba ta yi kuka ba. Ta shafa ratsin gefen, ta ce, "An kula da ita sosai, Iya. Ko asu bai taɓa ta ba." Sannan ta mayar da fitilar inda ta ɗauka, ta tafi gida.

Onasima ba ta tsaya ɗaura ɗankwali ba ta gangara gidan Hagemona, Magajiyar kogo, wadda ke yanka da zuba zuma a ranakun biki. Mace ce mai magana a sanyaye, kuma wannan sanyin shi ke ƙara tunzura Onasima.

"Ranki ya daɗe, kuskure aka yi. In zare ta in mayar dama, magana ta ƙare."

"Maratayin fa?" in ji Magajiya.

"Maratayi ai guntun itace ne."

"Kin fi ni sanin ba haka ba ne, Onasima. Matan can sun karɓe ta, sun zauna da ita. Ki zare riga ki bar gurbi a tsakaninsu, gurbin zai nemi mai cika shi. Dubi masu cikin da ke garin nan. Wacce kika zaɓa?"

Onasima ta san gaskiya ne, kuma da wata ce ta zo da wannan roƙon, ita ce za ta fara korar ta da sanda. Abin da ya fi ƙona mata rai ke nan. Ta koma kogo ta tsaya a gaban dogon dutsen ta ce wa Uwargijiya, "Ke kina gani kika yi shiru. Ke da mai gawayin nan halinku ɗaya."

Kashegari Enifas ya sauko janye da bunsuru. Wannan karon ma kansa duk toka.

"Kai, ɗan nan," in ji Onasima, "bakin nan naka na cin gurasa ne kawai?"

"Ba ki tambaya ba, Iya."

"Ba a tambaya."

"To."

"To me?"

"To shi ya sa."

Da sandar ba ta Uwargijiya ba ce, da ta karya ta a gadon bayansa. Dabarar da ya kwana yana ƙullawa ita ce a yanka bunsurun a rataye fatar a gurbin rigar. Magajiya ta saurare shi har ya gama, wato ba ta daɗe tana saurare ba, ta ce matan da suka mutu a kan gwiwa ba su zama wawaye don sun mutu ba, sun san fata sun san saƙa. Aka yanka bunsurun duk da haka, aka zuba zuma, aka sa maginin tukwane ya yi mutum-mutumin mace mai jariri a cinya aka ajiye da sunan Timasa. Onasima har ƙarya ta gwada. Ta aika kan tudu cewa ta sake dubawa, rigar wata ce, ratsin ne ya zo ɗaya. Timasa ta aiko da gaisuwa, ta ce a gaya wa Iya ta gode, amma mace ba ta kasa gane saƙar hannunta.

Da cikin ya tsufa, labarin da ke saukowa daga tudun ya daina yi wa Onasima daɗi. Ta ɗaure gwiwoyinta da tsumma ta hau, tana zagin kowane dutse da ta taka. Ta tarar da Timasa a ƙofar ɗaki, ciki ya yi gaba, wuya ya rame. Timasa ta riga ta kwance masaƙarta ta ba maƙwabciya. 'Yar yarinyarta ma ta fara tura ta kwana gidan maƙwabciyar don ta saba, kuma a daidai lokacin tana nuna wa matar yadda yarinyar ke son kunun sha'ir, ba kauri ba, da ɗan cuku a kai. Komai take yi a natse take yin sa, kuma natsuwar ce ta ba Onasima tsoro. Ta ga irin wannan a rayuwarta. Naƙuda ƙarfi take so da taurin kai, macen da ta riga ta sallama tun kafin ranar kuwa, ungozoma ba ta da abin da za ta kama.

Onasima ta kwance ƙullin da ta zo da shi, gurasa da zaitun da soyayyen kifi. "Ci."

"Na ƙoshi, Iya."

"Kin ƙoshi da me, iska? Dubi wuyanki."

"Iya, kada ki sa wa ranki damuwa. Ba laifinki ba ne. Ina ganin Uwargijiya ce ta zaɓa tun farko, ta ja hannunki ya kai ta can."

"Uwargijiya ba ta zaɓi komai ba. Mijinki ne bai wanke kansa ba."

Timasa ta yi ɗan murmushi. "Ko ba komai ya huta da sake saukowa. Tawa tana can tuntuni."

Onasima ta miƙe. Ta bar abincin a wurin ta sauko, ba ta zagi dutse ko ɗaya ba.

A gindin akwatinta akwai wata farar riga. A shekararta ta farko a ɗakin miji ta saƙa ta, don ta haihu a ciki ta kai dama. Ba ta taɓa sa ta ba, ba ta kuma taɓa nuna wa kowa ba, sai dai duk bazara takan fito da ita ta shanya ta mayar. Ita ta ɗauko ta kai wa Magajiya a bakin kogo.

"Kin ce gurbi yana neman mai cika shi. Ga mai cikawa. Saƙar mace ce, don haihuwa aka yi ta, su duba zaren in suna shakka."

Magajiya ta daɗe tana kallon rigar. "Kin san abin da zai biyo baya. Wadda rigarta ke hagu ba ta ƙara taɓa na dama. Ba ta shiga ɗakin mai naƙuda. Kuma maratayin zai kira ki."

"Da me zai kira ni, da naƙuda? To ta zo. Tun haƙorana suna cike nake jiranta."

Suka shiga tare da fitila. Onasima ta zare ruwan ɗorawar da hannu ɗaya, ta ɗora farar da ɗaya hannun, maratayin bai zauna fanko ko na ƙiftawar ido ba. Daga nan dole Magajiya ce ta ɗauki rigar Timasa zuwa dama, Onasima na daga nesa tana ce mata ba haka ake riƙe riga ba, za ta ja mata kafaɗa. Aka ba wata gwauruwa sandar da rigunan dama, aka bar wa Onasima na hagu da duhu da ɗigar ruwa. Ya yi mata ciwo ƙwarai. Rigunan dama su ne 'ya'yanta, ta san kowacce da mai ita da ɗan da aka haifa a cikinta, yanzu sai ta zauna a kan dutse tana kallon gwauruwar na dukan ulu kamar mai sussuka. Ta yi hawaye a ranar, ta ce wa masu wucewa ƙura ce.

Abin haushi, duk wannan bai gama aikin ba. Magajiya da kanta ta aika kan tudu cewa rigar ta koma dama. Timasa ta yi godiya, ta ɗan ƙara cin abinci, amma ta ce wa maƙwabciyarta matan can sun riga sun san fuskarta. Masaƙar ba ta karɓo ba.

Naƙudar ta zo da safe. Kafin Onasima ta ja gwiwoyinta ta kai kan tudun rana ta take tsaka. Mata sun kwance gashinsu da ɗamararsu, an buɗe akwatuna, an warware duk wani ƙulli da ke gidan don hanya ta buɗe. Enifas na tsugune a gindin wani icce an hana shi harɗe hannu. Ungozoma ta tare Onasima a bakin ƙofa.

"Kin san ba za ki shiga ba, Iya."

"Na sani, ni na koya miki. Yaya take?"

"Kan ɗa ya sauko, ita ce ta ƙi yunƙuri. Tana kwance tana gaya mana wa za a ba tukwanenta."

Onasima ta zagaya bayan ɗakin. Akwai 'yar taga a sama inda hayaƙi ke fita. Ta jawo dutse ta taka, ta dafa bango, ta kai bakinta kusa da tagar.

"Timasa, ni ce. Na zo in gaya miki babu wuri. Na cike gurbin. Hagu a hannuna take har yanzu, kuma ba zan kafa sabon maratayi ba, in kin je tsayuwa za ki yi ta yi. Ki mutu ki gani. Mijinki ya kawo mini riga in jefa ta a teku yana kallo, kin kuwa san ba zai ce komai ba."

Onasima ta ƙara matsa bakinta jikin tagar.

"An karɓe mini sandata saboda ke. Ina zaune ina kallon wata tana lalata mini riguna saboda ke. Rigar da na saƙa ina amarya, ban taɓa zura ta a wuyana ba, tana can cikin duhu ruwa na ɗiga mata. Abin da na yi ta roƙo har na tsufa ba a ba ni ba, ke an ba ki har sau biyu, kin kwanta kina rabon tukwane. Tukwanen ma na gan su, duk a tsage. Raguwa kawai. Tashi ki yi nishi."

Sai ga muryar Timasa daga ciki, ba irin ta kwanakin nan mai sanyi ba. "Don girman Uwargijiya, wani ya ce wa tsohuwar nan ta rufe mini baki."

"Ba zan rufe ba. Fito ki rufe mini."

Aka ji wani dogon nishi mai haɗe da zagi. Ungozoma ta ɗaga murya ta tagar. "Ci gaba, Iya. Kada ki daina."

Onasima ta ci gaba. Ta zagi tukwanen, ta zagi tudun da wanda ya fara gina gida a kansa, ta zagi gawayi, ta koma kan saƙar Timasa ta ce ratsin gefen a karkace yake, abin da ta san ƙarya ne. Da ta ga abin zagi na ƙarewa sai ta juya kan Uwargijiya, ta ce idan tana da sauran kunya ta sauko ta yi aikinta. Muryarta ta dishe, rana na dukan ƙeyarta, dutsen na rawa a ƙarƙashin ƙafarta. Inuwar ɗakin ta fara miƙewa lokacin da jariri ya tsala kuka.

Mata suka yi guɗa a ciki. Enifas ya miƙe tsaye. Onasima ba ta motsa ba. Ta sha rataye riguna a hagu daga gidajen da aka ji kukan jariri aka yi guɗa, don haka ta manna kunnenta a bango ta jira. Ta ji motsin ruwa, ta ji ungozoma na ba da umarni ƙasa-ƙasa, ta ji shiru mai tsawo. Can sai ta ji muryar Timasa, a gajiye, da sauran fushi a ciki.

"Akwai gurasa a gidan nan, ko ita ma kun rabar?"

Onasima ta sauko daga kan dutsen, ta zame ta zauna a gindin bangon. Ba wanda ya kira ta ciki, ba ta kuma sa ran a kira ta ba. Ta jingina bayanta da bango ta zauna a nan cikin rana, tana jin mai jego na cewa a ƙaro mata zuma.